Layi Shida Da Na Ɓoye Wa Mama

Ku da kuke biye da ni a labarin nan, yau kada wadda ta jira dariya daga wajena. Duk mai niyyar zagina a ƙasan rubutun nan bismillah, na riga ta, tun shekaranjiya nake zagin kaina har na gaji.

Ga waɗanda yau suka fara karanta ni: shekarata ashirin da tara, ni ce babba a ɗakinmu, ƙannena mata biyu duk suna gidajen mazajensu, ni kuma ina nan ina raba ɗaki da keken ɗinkin Umma da akwatunan da ba a buɗewa. Aikina rubutun ƙasan bidiyo ne, wanda ake cewa sabtaitul. Ina sa hedifon, in saurari magana, in rubuta ta, in daidaita kowane layi da lokacin da bakin mai magana ya buɗe da lokacin da ya rufe. Umma har gobe in an tambaye ta aikina cewa take, "Kallon fim take yi ana biyanta."

Sai Injiniya. Shekara ɗaya da rabi muna tare. Dogo ne, mai sanyin magana, ko fushi yake yi sai ka rantse nasiha ce. Abba ya ce ya turo manyansa ƙarshen watan nan, abu ɗaya kawai ya rage, amincewar mahaifiyarsa. Mama, haka ni ma nake kiranta. Tsohuwar malamar makaranta ce, ciwo ya tafi da jinta shekara shida da suka wuce, ko ƙofa aka buga a bayanta ba ta ji. Ita tana magana, da ƙarfi ma kuwa, amma kai sai ka rubuta a waya ka nuna mata. Sau biyu na je gaishe ta. Ba ta ce tana sona ba, ba ta ce ba ta sona ba, kallona kawai take kamar takardar jarrabawar da ba ta gama dubawa ba.

Ranar Litinin da rana Injiniya ya zo ofis ɗinmu. Bai shigo ba, a mota ya jira ni ƙarƙashin bishiyar bakin ƙofa. Ina shiga ya miƙo min filash ƙarami na kwamfuta, baƙi, an ɗaura masa jan zare.

"Bidiyon Baba ne," ya ce. "Autarmu ce ta ɗauka a asibiti, kwana huɗu kafin ya rasu. Minti goma sha ɗaya. Mama ta kalla ya fi sau ɗari, amma ba ta san me yake cewa ba sai abin da muka taƙaita mata. Jiya ta ce min, tunda yarinyar nan taka aikinta ke nan, ta rubuta min kalma da kalma."

"Ita da bakinta ta ce ni?"

"Ita da bakinta."

Jama'a, ba zan ɓoye muku ba, daɗi ya kashe ni. Na ce a raina ga ƙofa ta buɗe. Ban iya kwalliya kamar ƙannena ba, ban iya hira da manya ba, amma wannan aikin dai ko a barci aka tashe ni zan yi shi.

Na kama murfin mota zan fita, ya ce, "Tsaya. Akwai wani wuri wajen minti na takwas. Ki tsallake shi."

"In tsallake me?"

Ya kafa wa sitiyari ido. "Za ki ji."

Ofis ɗinmu ɗaki ɗaya ne, tebur uku, fanka mai kuka, da taga da ba ta rufuwa sai an soka mata takarda. Na jira abokan aikina suka fita cin abinci, na sa filash, na sa hedifon. Ga dattijo a kan gadon asibiti, ya rame, hular saƙa a kansa, amma hancin nan da goshin nan na Injiniya ne sak. Yana magana a hankali, yana hutawa. Ya yi wa matarsa godiya. Ya ce shekara talatin da biyu ba ta taɓa kai ƙararsa wajen kowa ba. Ya ce a riƙa zama da ita ana rubuta mata hira, kada a bar ta ita kaɗai cikin shiru. Ina rubutawa ina share hawaye da gefen mayafi.

Sai minti na takwas. Ya juyo da kai inda Injiniya yake tsaye, ya ce:

"Kai kuma, 'yar ƙanina tana nan. Yarinya ce mai haƙuri, kuma ta iya zama da mahaifiyarka. Ban tilasta maka ba. Amma da za ka ɗauke ta, da na kwanta da daɗi."

Na mayar baya na sake ji. Na sake. Murya tangaram, ko tari babu a wurin. Na ɗauki waya na rubuta masa:

"Na ji."

"Baba bai san da ke ba a lokacin," ya amso nan take. "Da ya san ki da bai faɗa ba."

"To ka gaya wa Mama haka."

"Ba ki san Mama ba. In ta karanta wannan, magana ta ƙare. Maganar Baba a wajenta ba ta da kashi biyu."

"Maganar mijinta ce ta ƙarshe, Injiniya. Amana ta ba ni."

Ya daɗe yana rubutu yana gogewa, ina ganin alamar tana fitowa tana ɓacewa. Can ya turo: "Kina son auren nan ko ba kya so?"

Na kife wayar a kan tebur. Ina so. Wallahi ina so. Na gaji da zama a bikin ƙannena ana ce min saura ke, kuma ban da wannan ma, shi ɗin nake so, da sanyinsa da komai.

Yanzu sai na ɗan yi muku bayanin aikinmu, don ku gane inda na yanka kaina. Fayil iri biyu muke da shi. Akwai na aiki, wanda muke rubutu a ciki, yana ɗaukar launi da girman rubutu, kuma za ka iya ɓoye layi a cikinsa, yana nan a fayil amma ba ya fitowa a bidiyo. Akwai kuma mai sauƙi da ake kira SRT, shi lamba ce kawai da lokaci da magana, shi ne kusan kowace talabijin take karantawa. Manajarmu, wata mace mai tsauri da ta koya min aikin, tana da doka biyu da ta dasa mana tun ranar farko. Ta ɗaya, ba a goge layi, sai dai a ɓoye shi a rubuta dalili a ƙasansa, don gobe mai aiki yana iya cewa a dawo da shi. Ta biyu, duk fayil ɗin da ka juya daga wani iri zuwa wani, sai ka buɗe ka karanta daga farko har ƙarshe kafin ya bar hannunka.

Shekara huɗu ina bin doka ta ɗaya, har yatsuna sun saba, ba sa shawara da ni. Na rubuta maganar dattijon tsaf, layi shida, kowanne da lokacinsa. Na ɓoye su. A ƙasa na rubuta dalili kamar kullum: "Na ɓoye waɗannan, kada Mama ta gani." Shi ma na ɓoye shi. Sai na ga daƙiƙa arba'in baki yana motsi babu rubutu, kowa ya gani zai tambaya. Na ƙara layi ɗaya a fili: "Murya ba ta fita sosai a nan."

Wannan layin shi ne ƙarya ta farko da na taɓa rubutawa a ƙasan fuskar mutum, kuma mamaci. Na kalli aikin a kwamfuta sau biyu, komai ya zauna daidai, na ba Injiniya filash ɗinsa ranar Alhamis. Ya ce Allah ya bar mu tare, na ce amin da baki.

Ranar Asabar Goggo ta zo, yayar Abba. Duk wanda yake da irin Goggo a gidansu ya san me nake nufi. Tun daga ƙofa take fara ƙirga shekarun mutum. Umma ta sa ni na saka doguwar rigata mai ruwan toka da ɗan aiki a wuya, ta ce in ɗaura ɗankwali sosai, ba irin ɗaurin 'yan ofis ba. Ina durƙushe a tsakiyar falo ina zuba shayi, Goggo ta dube ni sama da ƙasa.

"To, uwar 'yan boko. An ce ƙarshen wata?"

"In sha Allahu, Goggo."

"Uwarsa ta yarda?"

Umma ta yi caraf ta amsa min. "Ai har aiki ta ba ta. Da hannunta."

"A to. Ni dai na ga irin wannan ƙarshen watan sau biyu a gidan nan, watan ya ƙare mijin bai zo ba."

A daidai lokacin wayata ta yi ƙara a aljihu. Na fita kamar zan ɗauko sukari, na tsaya a bakin kicin. Auta ce, ƙanwar Injiniya.

"Anti, rubutun ya ƙi fitowa a talabijin. Bidiyo yana yi amma ba komai a ƙasa. Mama ta zauna tun ɗazu, har 'yan uwanta su Inna ta kira su zo su gani tare."

Na gane matsalar nan take. Fayil ɗin aiki na ba su, tsohuwar talabijin ɗinsu ba ta san shi ba, SRT take so. A ofis akwai manhajar da muke juyawa da ita, tana da wani ɗan akwati da ake dannawa ta zubar da duk layin da aka ɓoye. Amma kwamfutata tana ofis, ofis a kulle, ranar Asabar ce.

"Turo min fayil ɗin," na rubuta. "Minti biyu."

Na buɗe wani shafi a waya da yake juya fayil kyauta. Na ɗora, na danna, ya ba ni SRT. Yatsana yana kan buɗewa in karanta, wallahi yana kai, sai muryar Umma:

"Ke! Sukarin daga gona za ki ɗebo? Goggonki tana magana kin bar ta."

Na ce a raina ai na duba shi sau biyu ranar Alhamis, me zai canza? Na tura wa Auta. Na rubuta mata ta sa masa suna iri ɗaya da na bidiyon ta ajiye su wuri guda. Ta turo min hoton babban yatsa. Na koma falo na ci gaba da durƙuso, Goggo tana ba ni labarin 'yar maƙwabciyarta da ta yi ruwan ido har ta kai arba'in.

Minti ashirin wayata shiru. Har na fara tunanin Mama tana can tana kuka tana sa min albarka. Sai saƙo ya shigo, hoto ne babu magana. Na buɗe a ƙarƙashin tiren shayi.

Fuskar talabijin ce. Ga dattijo ya juyo da kai. A ƙasansa rubutu fari ya hau kan juna har ya rufe masa ƙirji. A sama: "Murya ba ta fita sosai a nan." A ƙasansa: "Amma da za ka ɗauke ta, da na kwanta da daɗi." A can ƙasa kuma, da kalmomina, da irin rubutuna: "Na ɓoye waɗannan, kada Mama ta gani."

Shafin nan bai san wani abu wai shi ɓoyayyen layi ba. Duk abin da ya tarar a fayil ya kwashe ya zuba a fili.

Ban san lokacin da cokali ya faɗi daga hannuna ba. Goggo ta ce, "Lafiya?" Na ce lafiya, na tashi na shige ɗaki na jingina da keken ɗinki. Na kira Injiniya sau bakwai bai ɗauka ba. Na kira Auta, ta ɗauka tana raɗa.

"Anti, Mama ta ce in tsayar a wurin. Ta tashi ta je gaban talabijin ta karanta da yatsa. Su Inna duk sun gani."

"Me ta ce?"

"Ta shiga ɗaki."

"Yayanki fa?"

"Yana nan. Ta tambaye shi ko ya sani, ya kau da kai."

Na zauna a ƙasa. Me zan gyara? Fayil ne da zan sake juyawa? Abin da ido ya karanta ya karanta. Kuma ku duba abin da na rubuta, "Na ɓoye." Ban ce an ce in ɓoye ba, ban sa sunan kowa ba. Duk wanda ya gani zai ce baƙuwar yarinya ce ta tarar da maganar da ba ta yi mata daɗi ba a bakin mamaci ta danne, don ta samu miji. Kuma rabin hakan gaskiya ne, shi ya fi ci min rai.

Umma ta shigo ta same ni a haka. Na nuna mata hoton, na faɗa mata komai. Ta tura ƙofa da ƙafa don kada Goggo ta ji.

"Ke da nake cewa kin fi ƙannenki hankali," ta ce a hankali. "Yanzu me zan ce wa Abbanku?"

"Umma, ki gaya min yadda zan yi."

"Ni? Ni na san kan wannan aikin naku?" Ta gyara mayafinta, ta koma wajen baƙuwarta, ina jin ta tana dariyar dole.

Washegari da hantsi saƙo ya shigo daga lambar Mama. Karo na farko ke nan da ta taɓa rubuto min. "Ki zo yau bayan azahar. Ke kaɗai."

Na sa baƙar abaya, ban shafa komai a fuska ba. A hanya na tsara magana kala goma, ko ɗaya ba ta kai ni ƙofar gidan ba. Auta ce ta buɗe min, idonta a kumbure. Falon yana nan yadda na san shi, kujeru masu ruwan ƙasa da farin lesi a hannuwansu, kabad cike da littattafai, hoton marigayi a sama. An rufe talabijin da ƙyalle. Injiniya yana tsaye jikin ƙofar kicin ya harɗe hannu, bai yarda mun haɗa ido ba.

Mama tana kan doguwar kujera, sanye da tabarau. Na durƙusa na gaishe ta, ta kalli bakina ta gyaɗa kai, ta buga kujerar gefenta da tafin hannu. Na zauna. Haka ake hira da ita, kafaɗa da kafaɗa, wayarka a tsakiya, kana rubutawa tana karantawa tun kafin ka gama.

"Kin iya aiki," ta ce, da muryar nan tata mai ƙarfi da ba ta san ƙarfinta ba. "Har inda ya ja numfashi kin bar min wuri. Na ji shi kamar yana ɗakin nan. Na gode."

Hawaye ya zubo min. Da zagina ta yi da ya fi min sauƙi.

"Wata takwas ina kallon bakinsa a wurin nan, na san da ɗansa yake magana. Na tambayi 'ya'yana, suka ce addu'a ce. Shi ya sa na nemi bare. Na ce ita ba ta da abin da za ta ɓoye min." Ta nuna wayar da ke hannuna. "Rubuta min. Wa ya ce ki ɓoye?"

Na buɗe wurin rubutu. Ɗan layin nan yana ƙiftawa, babban yatsana yana tsaye a samansa. In na ce ni ce, na rasa Mama, kuma wanda ya rasa Mama ya rasa Injiniya. In na ce shi ne, na tona shi a gaban uwarsa da ƙanwarsa, kuma ban san namijin da zai manta da wannan ba. Na ɗaga kai na dube shi, ko zai buɗe baki ya ɗauke min. Kansa yana ƙasa, yana danna waya.

Sai saƙo ya sauko daga saman fuskar wayata, a tsakanin idona da idon Mama.

"Don Allah kar ki ce ni ne. Zan gyara daga baya."

Na kai yatsa zan ture shi, Mama ta riƙe min hannu. Tafinta da ɗumi, kuma da ƙarfi. Ta karanta har saƙon ya koma sama da kansa. Ba ta waiwayi ɗanta ba. Shi kuwa sai a lokacin ya ɗago, ya ga kawunanmu biyu a kan waya ɗaya, na ga ya gane.

"Mama..." ya fara, ya manta ba ta ji.

Ta saki hannuna. "Na gani," ta ce. "Shi ɗana ne, ba ni da inda zan kai shi. Amma ke, 'yata, in kin shigo gidan nan, duk abin da za ki faɗa min rubuta shi za ki yi. Likita ya yi magana, ke za ki rubuta. Baƙo ya zo, ke za ki rubuta. Da wane ido zan riƙa karantawa?"

Na zame daga kujerar na durƙusa a gabanta, na hau rubutu kamar mahaukaciya. Na rubuta ki yafe min. Na rubuta tsoro ne ya kama ni. Na rubuta ban goge ba Mama, ko harafi ɗaya na maganarsa ban goge ba, ina kuskure ina gyarawa, hawaye yana ɗiga a kan gilashin ina sharewa da hannun riga. Na cika fuskar wayar, na miƙa mata da hannu biyu.

Ta riga ta cire tabarau. Ta naɗe shi a hankali, ta sa a gidansa, ta rufe, ta ɗora a cinya ta dafe da hannu.

"Auta," ta ce, tana kallon bango. "Kira min Baffanku. Ki ce gobe ya zo, akwai maganar yayansa a kan 'yarsa da ban isar masa ba."

Ina durƙushe a gabanta da waya a hannu biyu, har hasken fuskar ya rage, ya mutu. Ba ni da murya da za ta kai gare ta, rubutun kuma ta ƙi kallo. Na juya wajen Injiniya. Ya koma kallon tayil.